Idan Aka Shafa wa Rumfarki Jan Fenti: Jawabin Baƙuwarmu Lauya a Taron Cika Shekara

Hajiya shugaba, iyayena, yayyena da ƙannena, ina taya ku murnar zagayowar wannan rana. Allah ya ƙara haɗa kanku, ya sa albarka a asusunku.

An ce in yi magana kan rusau. Na san da yawa a cikinku rumfarku ko teburinku a bakin titi yake, ko a wani fili na gwamnati, babu takardar mallaka. Wata ma da kuɗin adashe ta kafa. To idan aka wayi gari an shafa jan fenti a bango, akwai abin da kotu za ta iya yi mata?

Bari in fara da mai ɗacin. Dokar amfani da filaye ta 1978 ta danƙa filayen kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana. Wadda ta zauna a filin gwamnati ba da izini ba, da wuya kotu ta ce filin ya zama nata, ko da ta shekara 20 a wurin. Duk lauyan da ya yi miki alkawarin haka, ki riƙe jakarki da kyau.

Amma rashin takarda bai cire miki mutunci ba. Sashe na 34 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya hana a wulaƙanta ɗan Adam, kuma bai ware mai takarda da marar takarda ba.

Ga misali daga Legas. Akwai wata unguwar masunta a bakin ruwa wajen Lekki, ana ce mata Otodo Gbame. A watan Nuwamba 2016 aka rushe gidaje aka ƙona wasu, dubban mutane suka rasa wurin kwana. Mutanen unguwar sun haɗu da sauran unguwannin bakin ruwa suka kai gwamnatin jiha ƙara. Ranar 21 ga Yuni 2017, Babbar Kotun Legas ta yanke hukunci cewa korar mutane ba tare da isasshen wa'adi ba, ba tare da an tanadar musu inda za su koma ba, wulaƙanci ne da ya saɓa wa tsarin mulki. Ta kuma umarci gwamnati ta zauna da su a tattauna batun sake tsugunar da su.

Sai dai kuma, iyayena, lokacin da hukuncin ya fito babu unguwar. Tun a watan Afrilu, shari'a na gaban alƙali, aka kori ragowar mutanen, wasu a cikin kwale-kwale suka kwana. Kun ga ke nan katafila ta fi kotu sauri.

Shi ya sa nake roƙonku abu uku.

Na farko, kada ki jira ranar rusau. Sashe na 46 ya ba ki damar zuwa babbar kotu tun ana shirin tauye miki haƙƙi, ki nemi a dakatar. Ranar da kika ga fenti ko takarda, ranar za ki nemi lauya. In babu kuɗi, akwai ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA da Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa.

Na biyu, ki adana shaida. Rasit ɗin da masu karɓar haraji ke ba ki kada ki naɗe ƙosai da shi. Ba ya nufin filin naki ne, amma yana nuna hukuma ta san da zamanki. Ki ɗauki hoton rumfar da kayan ciki da kuma fentin da aka shafa.

Na uku, ku tafi tare. Mace ɗaya ana iya cewa ta dawo gobe, amma ƙungiya mai rajista da sunayen mambobi ba a saurin yi mata haka. Ina ba da shawara sakatariya ta buɗe fayil yau, kowace mamba ta kawo kwafin takardunta, a kuma ware ɗan wani abu a asusu saboda kuɗin lauya.

Abin da za ku nema a kotu shi ne wa'adi mai ma'ana, a saurare ku, a nuna muku wani wurin sana'a. Wata biyu na kwashe kaya cikin natsuwa zai iya tsirar da jarin shekara goma.

Allah ya tsare mana sana'o'inmu, ya maimaita mana.