Ɗan Sanda da Amanar Talaka a Ƙasar Haɗeja



Abin da za mu tattauna a kansa yau shi ne dalilin da yake sa talaka ya amince da ɗan sanda ko kuwa ya guje shi. Mun ɗauki ƙasar Haɗeja don misali, domin a fadamunta ana gwada wannan amana kowace shekara.

Tun da aka gama madatsar ruwa ta Tiga a 1974, da ta Chalawa a 1992, ambaliyar da take shayar da fadamun Haɗeja zuwa Nguru ta ragu, kacala kuma ta toshe hanyoyin ruwa. Wuraren noma da na kiwo suka ƙuntata, gonaki suka ci burtali. Saboda haka da kaka ta yi, sai a ji manomi da makiyayi sun yi arangama a Guri ko Kiri Kasamma, magana ta kai caji ofis.

To, idan shanu suka yi ɓarna, tilas ɗayan biyun ya koma gida bai sami abin da yake so ba. Amma abin da zai riƙe a zuciya shi ne yadda aka bi da shi. An saurari ta bakinsa? An gaya masa dalilin kama shi? An mutunta shi, ko an zage shi gaban iyalinsa? An nemi na goro kafin a ba da belinsa? Wanda aka saurara yakan haƙura ko da bai yi nasara ba. Wanda aka wulaƙanta kuwa, baɗi ba zai kai ƙara ba, makami zai ɗauka. Wani masani ɗan Amurka, Tom Tyler, ya nuna a littafinsa na 1990 cewa ganin an bi da mutum bisa adalci ya fi tsoron horo sa shi bin doka.

Kakanninmu sun zauna da dogarai da 'yan dokan En'e. Waɗannan sun san kowa da gidansu, amma an yi amfani da su wajen musguna wa 'yan hamayya irin na NEPU a shekarun 1950. Bayan juyin mulkin 1966 gwamnatin soja ta haɗe su da 'yan sandan tarayya. Daga nan ɗan sanda yana iya zuwa daga nesa, bai san gari ba, wani sa'in bai jin Fulatanci. Wanda bai da sanayya kuwa, ba abin da zai jawo masa yardar jama'a sai bin ƙa'ida.

Ƙa'idar kuwa a rubuce take. Sashe na 35 na tsarin mulkin 1999 ya ce a kai wanda aka kama kotu cikin kwana ɗaya, muddin akwai kotu cikin kilomita 40. Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ta hana kama mutum a madadin wani, wato ba a tsare uba don ɗansa ya gudu da shanu.

'Yan'uwa, mu da aka biya mana kuɗin makaranta da shinkafa da madarar waɗannan fadamu, nauyi ne a kanmu idan mun je hutu mu fassara wa manomi da makiyayi waɗannan haƙƙoƙi da harshen da suke ji. Muna kuma kira ga hukumar 'yan sanda ta auna jami'inta da yawan mutanen da suke kawo masa ƙara da ƙafarsu.

Allah ya ba mu zaman lafiya. Wassalamu alaikum.