Jawabin Ƙaddamar da Gajeren Fim

 

Fim ɗin da ya tara mu yau bai kai minti goma sha biyar ba. Babu waƙa, babu rawa, maganar ma ba ta taka kara ta karya ba. Wata tsohuwa ce zaune a tsakar gida tana tsintar shinkafa a faifai, tana ture tsakuwa gefe da ɗan yatsa, inuwar katanga kuma tana ta janyewa daga kan tabarmarta. Can sai mu ga tabarma da faifai, babu mai su. Jikarta ta fito, ta zauna a gurbin, ta ci gaba da tsinta. Kyamara ko motsi ba ta yi ba.

Ba a nuna mana makara ba, ba mu ji koke-koke ba, kuma a nan nake jinjina wa matasan da suka shirya fim ɗin. Duk wanda aka taɓa yi wa rasuwa ya san ba ranar jana'iza ce ta fi ciwo ba. Sai 'yan zaman makoki sun watse, ka ga butar mamaci a inda ya saba ajiye ta.

Wannan hanya ta gajeren fim tana da magabata. A Nijar, Mustapha Alassane ya yi gajeren fim ɗinsa Aouré tun 1962. A 1963 Ousmane Sembène ya fitar da Borom Sarret, kimanin minti ashirin, kan wani mai keken doki a Dakar, wanda cikin fasinjojinsa har da uban da ke kai gawar jaririnsa maƙabarta. Mu kuwa a Kano, tun daga fim ɗin Turmin Danya a 1990, kasuwa ta saba mana da dogon labari, yau ga masu dogon zango a YouTube. Ban raina su ba, gidaje da dama da su suke cin abinci. Amma irin wannan fim ba shi da rumfa a kasuwar.

Saboda haka ina roƙon masu hannu da shuni su yi abin a zo a gani, shugabannin makarantu kuma su buɗe masa ƙofa ɗalibai su kalla. Da sunan Allah nake ƙaddamar da shi. Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya sa mu cika da imani.