Makau da Mahassada: Darasi Daga Fim Ɗin Shaihu Umar

'Yan'uwa da kuka hallara a nan Sakkwato, yau za mu ɗauko zancenmu daga inda ba mu saba ba, wato daga fim.

A 1976 Adamu Halilu ya shirya fim ɗin Shaihu Umar, daga littafin marigayi Abubakar Tafawa Ɓalewa na 1934, Umaru Ladan kuma ya fito a matsayin Shaihun. Fim ɗin ya daɗe da ɓacewa, sai a 2016 aka gano faifansa a Legas, aka gyara, aka nuna shi a Berlin a 2018.

Masu kallo sukan tsaya kan bautar da ke cikinsa da ƙetare Sahara. Mu kuwa muna so mu koma Kagara, inda masifar ta tsiro. Makau, mijin mahaifiyar Umar, ya sami shiga wurin Sarki, abin ya tsone wa fadawa ido. Da aka dawo daga hari, sai suka kai sara cewa ya ɓoye wasu daga cikin bayin da ya kamo. Harin kansa zalunci ne, ba ma wanke Makau daga wannan. Amma ku dubi hukuncin: Sarki ya gaskata su, aka washe gidan Makau, aka kore shi daga gari.

To, wa ya fi ɗanɗana kuɗar? Ba Makau ba. Yaron da bai san hawa ba, bai san sauka ba, shi aka sace har ya ƙare a Masar. Uwarsa ta fita nemansa, ita ma ta faɗa bauta, ba su sadu ba sai a Tarabulus, ajali na dab da ita.

Mutanen wannan gari ba baƙi ba ne ga irin wannan. Sa'ad da jama'ar Shehu Usmanu ta bunƙasa a Degel, malaman fadar Gobir suka yi ta kai suka wurin sarakuna, har aka yi hijira zuwa Gudu a 1804.

A Kagara da Alƙalawa duka, mahassada ba su da ikon korar kowa da kansu. Kunne suka nema a wurin mai iko, suka kuwa samu. Saboda haka tambayarmu ga limamanmu da shugabannin rassanmu ita ce: sara nawa aka kawo muku bana a kan wani ɗan'uwa, sau nawa kuma kuka kira shi kuka ji ta bakinsa?