Tsani da Tabarma: Tsarin Ciniki da Rabon Iko



An nemi in yi bayani a kan hanyoyi biyu da ake bi a tsara al'amura, ko a kasuwa ko a mulki. Masana suna kiran ɗaya tsarin tsaye, ɗayan kuwa tsarin kwance. Domin sauƙin fahimta, zan kira na farko tsani, wato wani bisa wani, umurni yana sauka, kaya ko haraji suna hawa. Na biyu kuwa zan kira shi tabarma, wato tsara da tsara zaune kafaɗa da kafaɗa. Abin da nake so in nuna shi ne, duk inda aka kafa tsani ba a shimfiɗa tabarma ba, to, na matakin ƙasa shi ke ɗaukar nauyin kowa.

Bari mu fara da cinikin gyaɗa. Bayan da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, sai tsani ya kafu: manomi ya sayar wa ɗan kamasho a bakin sikeli, shi kuma ya kai wa babban ɗan kasuwa irin su Alhassan Ɗantata, daga nan sai kamfanin Turawa, sai jirgin ruwa zuwa Ingila. A 1949 aka kafa hukumar cinikin gyaɗa, a 1954 kuma al'amarin ya koma hannun hukumar Jihar Arewa. Ita kaɗai ke yanka farashi, ita kaɗai ke sayen gyaɗar da za a fitar waje. Babu shakka tsarin ya yi amfani, domin manomi ya san farashinsa tun farkon kaka, kuma an yi ayyukan raya ƙasa da rarar da aka tara. Amma fa rarar nan daga jikin manomi aka yanko ta, tun da ana biyansa ƙasa da farashin kasuwar duniya, alhali ba shi da wani mai saye da zai juya gare shi. Haka aka yi ta tafiya da hukumomi irin wannan har aka rushe su a 1986.

To, ina misalin tabarma? A 1937 manyan kamfanonin Turawa masu sayen koko a ƙasar da yanzu ake kira Ghana suka haɗa baki, suka raba kasuwa a tsakaninsu don kada wani ya ɗaga wa wani farashi. Kun ga ke nan ita ma tabarma tana iya zama makami in manya ne kaɗai suka zauna a kanta. Da manoman suka ga haka, sai su ma suka shimfiɗa tasu: suka ƙi sayar da koko, suka kuma ƙaurace wa kayan kantunan Turawa har watanni, sai da Gwamnatin Ingila ta aiko da kwamitin bincike a 1938, yarjejeniyar kamfanonin ta wargaje. Manomi ɗaya ba ya ja da kamfani, amma hannu da yawa maganin ƙazamar miya.

Yanzu mu juya ga mulki, domin abin duk ɗaya ne. Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999 ya raba iko ta fuska biyu. Ta fuskar tsani akwai Gwamnatin Tarayya, da jihohi 36, da ƙananan hukumomi 774. Ta fuskar tabarma kuwa, sashe na 4 ya ba majalisa ikon yin doka, na 5 ya ba shugaba da gwamnoni ikon zartarwa, na 6 ya ba kotuna ikon shari'a. Hikimar ita ce kowane ya zama linzamin ɗan'uwansa. A zamanin soja an naɗe mafi yawan tabarmar nan, domin da zarar an yi juyin mulki majalisa ake fara rufewa, sai umurni ya riƙa gangarowa daga sama.

Ku dubi abin da ya sami ƙananan hukumomi. Gyaran 1976 ya ɗaga su suka zama mataki na uku na mulki. Amma sashe na 162 ya tanadi asusun haɗin gwiwa tsakaninsu da jiha, sai kuɗinsu ya zama ta hannun gwamna yake bi, kamar yadda gyaɗa ke bi ta hannun hukumar ciniki. Gwamnoni da yawa suka riƙa sauke zaɓaɓɓun shugabanni suna naɗa kantomomi, majalisun jihohi kuwa, waɗanda ya kamata su tsawata, suka zama 'yan amshin shata. A ƙarshe daga tabarma taimako ya zo: ran 11 ga Yuli, 2024, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci cewa a riƙa biyan ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye, kuma mulkin kantomomi ya saɓa wa tsarin mulki. Sai dai hukunci daban, cika shi daban, kuma cikawar ba ta samuwa sai jama'a sun sa ido.

Kada a ɗauka ina cewa a karya tsani. Idan babu shi, kaya ba sa isa kasuwa, ƙasa kuma ba ta da shugaba. Abin da nake kira gare ku shi ne, ku da gobe za ku zama ma'aikata da alƙalai da 'yan kasuwa, duk tsarin da aka kawo muku ku yi masa tambaya biyu: wane ne a matakin ƙasa, kuma wa zai kai wa kuka in na sama ya taka shi? Ku koma garuruwanku ku ƙarfafa ƙungiyoyin manoma, ku tambayi kansilolinku nawa ya shigo, ina kuma ya tafi. Haka nan a Ƙungiyar nan taku, kada majalisar ɗalibai ta bar shugabanni su kashe ko kwabo ba ta ga lissafi ba.