Kyautar da Ke Shigo da Ɓarawo Cikin Ɗaki

Yau hirarmu kan kwamfuta ce, wadda ta shigo gidajenmu a Gobarau da sauran unguwannin Katsina. Wata tana lissafin cinikin atamfa ko turaren wuta da ita, wata tana buga wa ɗalibai takardu ana biyanta, ba tare da ta taka ƙofar gida ba.

To, manhajar rubutu da lissafi ta Microsoft Office sayenta ake yi. In ba a biya ba, sai ta riƙa nuna gargaɗi, daga baya ta hana ki rubutu. Sai ki aiki yaro wurin mai gyara, shi kuma ya ce zai buɗe miki ita kyauta. Abin da yake sakawa wata 'yar manhaja ce irin su KMSpico, wadda ke yaudarar kwamfuta ta ɗauka an biya.

Ga inda gizo ke saƙar. Kafin a saka ta, galibi sai an kashe manhajar tsaron kwamfutar. Kin ga an kori mai gadi ke nan, an bar ƙofa a buɗe. A shekarar 2021 wani kamfanin tsaro na Amurka, Red Canary, ya bayyana cewa ɓarayi na cusa wata muguwar manhaja mai suna CryptBot cikin KMSpico, tana kwashe lambobin sirri da bayanan katin banki da aka adana. Yanzu ki tuna abin da ke cikin taki: hotunan biki, hotunanki ba mayafi, asusun da masu saye ke turo miki kuɗi. Wanda bai taɓa ganin fuskarki ba zai iya kaiwa gare su.

Sannan akwai doka. Dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris 2023, ta kare manhajojin kwamfuta, ta kuma hana karya makullin da masu su suka sa. Hukumar kare haƙƙin mallaka ta ƙasa ce ke kula da ita. Mai sana'a da irin wannan manhaja, hujjarta ba ta da ƙarfi.

Mafita fa? Akwai LibreOffice, kyauta ce ta halak, tana buɗe takardun Word da Excel. In kina da intanet, akwai Google Docs. Kafin ki aika kwamfuta gyara, kwashe hotunanki, ki kuma ja wa ɗan aike kunne: kada a kashe tsaro, kada a saka abin buɗewa. In an riga an saka, a wanke kwamfutar gaba ɗaya, ki canza lambobin sirrinki ta wata na'urar daban.

Ki isar wa maigida da yara wannan saƙo. Sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu. Ku huta lafiya.