Mai kyamarar da ya bi hanyar fatake

 Wanda duk ya taɓa ɗaukar kaya daga Adawlato a Lome ya nufi Aflawo ya san yadda gaba ke faɗuwa in an doshi shinge. To, wannan faɗuwar gaban tana cikin wani tsohon fim mai suna Jaguar, wanda aka fara ɗauka a 1954, ya fito a 1967.

Mai ɗaukar hoton Bafaranshe ne, Jean Rouch. Aikin hanya ya kawo shi Nijar a 1941, daga baya ya koma riƙe kyamara. Ba shi da babban kamfani a bayansa. Abokansa uku ya bi daga Ayoru: Damouré Zika, da Illo masunci, da Lam Ibrahim Dia, Bafulatani makiyayi. Suka ratsa Dahomai da Togo za su Gwalkwas, Ganar yau ke nan. Da suka iso iyaka babu takardu, sai suka zagaye ta bakin teku. Ba cewa muke ku kwaikwaye su ba fa, zamani ya sake.

Ku dubi kayan aikinsa. Kyamarar Bell & Howell ce, murɗa ta ake yi kamar agogon da, kuma ba ta kai rabin minti take tsayawa. Murya ma ba ta ɗauka. Dole kafin ya danna ya san abin da yake so: ƙafar saniya ce, ko hannun mai ƙirga kuɗi? Yana murɗawa yana tunanin inda zai tsaya. A hannu yake riƙe ta, yana tafiya cikin mutane. Maganar kuwa sai bayan shekaru aka sa, su Damouré da Lam suna kallon kansu suna ba da labari da bakinsu, har da zolayar juna. A ganina nan ne fim ɗin ya fi saura. Baƙo ya ɗauki hoto, amma masu tafiyar ne suka faɗi ma'anarta.

Rouch ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a Fabrairun 2004. Wuraren ma ba sa jira. An tashi tsohon Zangon Lome a 1977 aka mai da mutane arewacin gari, babbar kasuwar Adawlato kuma ta ƙone a Janairun 2013.

Yau ga samari nan da kyamara da waya a kara da tasha. In ɗaya ya nemi ɗaukar garkenka ko rumfarki, kada a yi saurin korarsa, kada kuma a saki baki. A tambaye shi ina zai kai hoton, wa zai yi magana a kai, kuma yaushe zai dawo ya nuna muku kafin duniya ta gani.