Ƙungiya Ma Tana Da Bakin Kai Ƙara

Hajiya Shugaba, iyayenmu mata, Malamarmu ta ajin yaƙi da jahilci, 'yan uwa na Gafasa, da baƙinmu daga Ajingi da Gaya, sannunku da zuwa.

An ce mu tashi mu faɗi abin da muka koya bana. To, maganar fitilu za mu yi, tunda babu wadda ba ta taɓa ba.

Kafin azumi muka haɗa kuɗin adashi, muka aiki Ma'aji birni ta sayo mana fitilun sola guda 20, don yara su samu na karatu da dare. Ba a rufa wata ba, 14 suka daina kama caji. Ma'aji ta koma da su, mai shago ya ce, "Hajiya, kaya in sun bar shago sun bar shi. Kuma ku ƙungiya ce, wa zai saurari ƙarar ƙungiya?" Ta dawo jiki a sanyaye. Mu faɗi gaskiya, nan cikinmu aka fara ƙus-ƙus, wai ko ta sayo na banza ne ta soke canji. Baiwar Allah har kuka ta yi. Wasu ma suka ce za su zare hannunsu daga adashi.

A aji muka kai wa Malama maganar. Ta nemo mana dokar, tana karantawa tana fassara mana. Ga abin da muka riƙe.

Akwai dokar tarayya ta 2018 kan gasar kasuwanci da kare haƙƙin mai saye, wadda Shugaba Buhari ya sa wa hannu a 2019. Ita ta kafa hukumar FCCPC. Jihar Kano ma tana da tata hukumar kare haƙƙin masu sayen kaya. Dokar ta ce idan ka sayi kaya suka fito da aibi, kana da wata 3 daga ranar da aka ba ka su ka mayar, mai kaya ya gyara, ko ya canja, ko ya dawo maka da kuɗinka. Ana fara zuwa wurin mai kayan, in ya ƙi a tafi hukuma, ƙofar kotu kuma a buɗe take.

To, ƙungiya fa? Dokar ƙungiyoyin gama-kai ta 1993 ta ce ƙungiyar da ta yi rajista tamkar mutum ce a gaban shari'a. Tana iya mallakar dukiya, ta ƙulla ciniki, ta kai ƙara, a kuma kai ta ƙara, duk da sunanta. Ashe takardar nan da muka ajiye a ƙasan akwati, ita ce bakinmu.

Amma ku saurara da kyau, don akwai iyaka. Ba kowane saye dokar mai saye ta rufe ba. Wanda ya sari kaya don ya sayar, ko ya sayi abin da zai sarrafa ya sayar, ba ya cikin waɗanda take karewa. Atamfar da muke sarowa daga Kwari, da gyaɗar da muke yin mai da ƙuli-ƙuli, in an cuce mu a kansu, wannan rigimar ciniki ce, hanyarta daban, sai kotu ko sulhun 'yan kasuwa. Fitilu kuwa don gidajenmu muka saya. Haka kuma aikin da aka yi mana muka biya, kamar na mai gyara, yana ciki.

Inda muka yi sake shi ne rasit. Sunan Ma'aji aka rubuta, kuma abin da aka sa kawai shi ne "kaya". Littafin taronmu ya cece mu, don Sakatariya ta rubuta ranar da muka yanke shawara, da kuɗin, da adadin fitilun. Muka rubuta wasiƙa da sunan ƙungiya, muka buga hatimi, muka haɗa da kwafin takardar rajista, mu uku muka kai masa. Da ya karanta sai murya ta sauka. Ya ce, "Haba Hajiya, ai abin bai kai nan ba." Cikin mako biyu ya canja mana duka 14. Ko ofishin hukuma ba mu taka ba.

Saboda haka daga yau, duk wadda aka aika sayayya, rasit da sunan ƙungiya. A rubuta irin kayan, da yawansu, da kwanan wata. A karanta kafin a bar shago. Wadda ba ta iya ba tukuna ta tafi da wadda ta iya, sannan ta zo aji, akwai wuri a tabarma. In kaya sun lalace, kar a tsaya jiran gobe, wata 3 ba wuya ya wuce.

Ma'aji, Yaya, a gaban kowa muke neman gafararki. Mun zarge ki a kan abin da ba ki ci ba.

Allah ya ƙara mana haɗin kai, ya mai da kowa gida lafiya.